Soyayya da Kuɗin Haya: Nazari a kan Jerin Fim ɗin Modern Love

A watan Oktoba na 2019 kamfanin Amazon ya fito da jerin fim mai suna Modern Love, wanda darakta John Carney ya tsara. Tushensa wani shafi ne na mako-mako da jaridar New York Times take bugawa tun 2004 a ƙarƙashin edita Daniel Jones, inda masu karatu ke rubuto abin da ya same su a harkar soyayya. Zangon farko kashi 8 ne, kowanne kimanin rabin awa, kowanne da labarinsa da jarumansa, birnin New York ne kawai ya haɗa su. Matsayin wannan maƙala shi ne jerin ya faɗaɗa ma'anar ƙauna, amma ya rufe ido ga abin da ya fi damun mazauna birni, wato abin kashewa.

Nasararsa a fili take. A kashi na farko, wata budurwa ta sami ciki, saurayin ya zame, sai mai gadin ginin da take zaune ya tsaya mata tamkar uba. A wani kashin, Anne Hathaway ta fito a matsayin lauya mai fama da cutar ƙwaƙwalwa da kan kai mutum ƙololuwar karsashi sannan ta jefa shi cikin damuwa mai kwantarwa. Abin da ya kawo mata sauƙi shi ne ranar da ta buɗe cikinta ga wata abokiyar aiki. Waɗannan labarai sun nuna cewa a birnin da dangi suka yi nisa, baƙo kan ɗauki nauyin da a da yake wuyan ɗan'uwa. Tsarin labari guda a kowane kashi ma ya dace da zaman birni, inda ake haɗuwa a rabu ba tare da sanin ƙarshen juna ba.

Sai dai New York ɗin da aka nuna ta masu hannu da shuni ce. Lauyar ta rasa aikinta, amma ba mu ga fargabar kuɗin haya ta hana ta barci ba. Shi ma mai gadin, ƙofar gini kawai muka san shi. Gidansa da albashinsa ba su shiga labarin ba. A birnin da ya yi suna wajen tsadar muhalli, wannan giɓi babba ne, domin samun ɗaki da aiki su ne sukan yanke ko masoya za su zauna tare.

Wani zai ce rabin awa ba ta isa a taɓo komai ba. Modern Love Mumbai, da ya fito a 2022 da kashi 6, ya rushe wannan uzuri. A labarin Raat Rani, wanda Shonali Bose ta ba da umarni, Fatima Sana Shaikh ta fito a matsayin Lali, 'yar Kashmir mai dafa abinci a gidan masu kuɗi. Mijinta ya tafi da babur ɗinsu ya bar mata tsohon keke. Dole ta koyi haye gadar sama da shi, in ba haka ba aiki ya kuɓuce. A nan raɗaɗin rabuwa da neman na tuwo sun zama abu guda, shi ya sa labarin ya fi ratsa zuciya.

An kuma yi irin wannan jerin a Hyderabad, Tokyo da Amsterdam a 2022, sai Chennai a 2023. Ma'aunin da ya kamata a ɗora kowannensu a kai shi ne yadda tsadar birni, nisan wurin aiki da bambancin arziki suke shiga tsakanin masoya. A wannan ma'auni, labarin Lali ya fi na New York gaskiya.