Sunan da Ya Rage Bayan Ruwan Tiga

Tun da aka kammala madatsar ruwa ta Tiga a 1974, zamanin Gwamna Audu Baƙo, ƙasar Kura da Bunkure da Garun Malam ta sake kama. An baje gonaki, an sare itatuwa, an ja magudanan siminti, alkama da shinkafa da tumatur suka shiga filayen dawa da gero. Abin da katafila ba ta iya turewa ba shi ne sunaye, kuma nan ne mai shirya gajeren fim na gwaji zai sami abin yi.

Sunayen nan hawa-hawa ne. Ɗorawar Sallau suna ne na zamanin da bishiya da mai ita suka isa kwatance. Kwanar Gafan kuwa 'yar titin mota ce, direbobin hanyar Zariya da dillalan tumatur suka raya ta. Na uku, wanda ya fi jan hankalina, suna ne da ya yi tafiya ya bar gida: rawani ɗan Kura, mai sheƙin baba, wanda marina da masu bugu suka kai sunansa har cikin Buzayen Agadas. Amma yau idan an ce Kura a kasuwa, shinkafa ake nufi.

Fim ɗin Kannywood, tun daga Turmin Danya na 1990, labari yake bi, wuri kuwa shimfiɗa ce kawai. Fim na gwaji yana iya juya lamarin, ya raba ido da kunne. A kafa kyamara a bakin magudana da sassafe, kada ta motsa: yaro ya nutsa tiyo a ruwa, ya toshe bakinsa da tafin hannu, ya jefa shi cikin kwarin kunya, ruwa ya biyo. A bayan hoton, muryar dattijo tana jero sunayen gonakin da suke wurin kafin a baje su. Ido na ganin fili ɗaya, kunne na jin goma.

Sai dai akwai tarko. Kewar zamanin da tana da daɗin ɗauka, amma manomin da ke girbi sau biyu a shekara ba lalle ya yi kukan ɗorawa ba. A tambaye shi, wataƙila zancen taki da ranar sakin ruwa zai yi.