E.T. Mensah da Faifan da Mahaifina Ya Ɓoye

A gidanmu na Salaga akwai wata tsohuwar garmaho da mahaifina ya sayo a Kumasi lokacin da yake fataucin goro. Faifan da ya fi so ba ya ɗora shi sai bayan isha'i, ya rufe ƙofa, ya cusa tsumma a bakin garmahon don kada maƙwabta su ji, domin a zangonmu kiɗan rawar Turawa abin kunya ne ga dattijo mai zuwa sahun gaba. Sai da na girma na karanta sunan da ke jikin faifan: E.T. Mensah da ƙungiyarsa, Tempos.

An haifi Emmanuel Tetteh Mensah a Ankara a 1919. Yana ɗan makaranta ya fara busa sarewa a ƙungiyar wani malami, Joe Lamptey, daga baya shi da yayansa Yebuah suka kafa tasu. A lokacin kiɗa ne na manya, ana yin sa a ɗakunan rawa inda sai mai kwat da kuɗin shiga yake wucewa. Talakawan da ke leƙe daga waje su suka raɗa masa suna hailaif, wato rayuwar masu hali.

Yaƙin Duniya na Biyu shi ya juya masa rayuwa. Sojojin Ingila da na Amurka suka cika Ankara, suna son irin kiɗan suwin da suka baro a gida. Wani sajan ɗan Sikotilan da ake kira Jack Leopard ya haɗa ƙungiyar baƙaƙe da farare, ya ɗauki Mensah. A nan ya ƙware wajen busa. Duk da haka bai saki sana'arsa ta haɗa magani ba, kuma ina ganin wannan ne ya sa mahaifina yake iya kare shi, yakan ce ai mutumin ba maroƙi ba ne, ma'aikaci ne.

Da yaƙi ya ƙare Turawa suka koma, masu rawa suka zama 'yan ƙasa. Mensah ya karɓi shugabancin Tempos wajen 1948. A nan nake ganin basirarsa. Bai tsaya kwaikwayon Amurka ba, bai kuma yar da abin da ya koya ba. Ya riƙe tsarin busa na suwin, ya ɗora shi kan kiɗan gida, ya ƙara gangunan Kuba da salon kalifso da makaɗinsa Guy Warren ya jiyo a Landan. Daga 1952 ya fara yin faifai da kamfanin Decca, kuma tafiye-tafiyensa zuwa Najeriya sun yi tasiri kan irin su Victor Olaiya a Legas. A watan Mayu na 1956 Louis Armstrong ya zo Ankara, suka yi busa tare a gidan rawar Mensah mai suna Paramount. Shekara na zagayowa ƙasa ta sami 'yanci, ya yi mata waƙa.

Abin da ya biyo baya ba daɗin faɗa. Ciyar da mutum goma sha wani abu da kayan busa masu tsada ya fi ƙarfin aljihu, ƙananan ƙungiyoyin jita suka ƙwace kasuwa. Dokar hana fitar dare da ta biyo juyin mulkin ƙarshen 1981 ta ƙarasa gidajen rawa. Mensah ya rasu a 1996.

Faifan namu kuwa bai kai haka ba. Bayan rasuwar mahaifina na ɗauko shi zan kai Kumasi, muna jiran jirgin fito a Makango don ƙetarawa Yeji, wani ɗan dako ya jibga buhun doya a kan jakata. Da na buɗe na tarar ya rabu uku. Na jefa gutsattsarin a tafkin Bolta, na ajiye takardar tsakiya mai ɗauke da sunan, tana cikin akwatina har yau.