Mike O'Shea: ɗan wasan baya kuma mai horar da ƴan ƙwallon Kanada

Mike O'Shea tsohon ɗan wasan ƙwallon Kanada ne da ya shafe shekaru 16 yana taka leda a babbar gasar ƙasar wadda ake kira CFL, daga 1993 zuwa 2008, kafin ya koma aikin horarwa. An haife shi ranar 21 ga watan Satumba na 1970 a garin North Bay da ke lardin Ontario. Sau shida yana ɗaukar kofin Grey, wanda shi ne kofi mafi daraja a wannan wasa: uku yana ɗan wasa, ɗaya yana mataimakin mai horarwa, biyu kuma yana babban mai horar da ƙungiyar Blue Bombers ta birnin Winnipeg.

Wasan da gurbin da ya riƙe

Ƙwallon Kanada ba tamaular da aka saba gani ba ce. Ɗan'uwan ƙwallon Amurka ne da zari-ruga: ƙwallon dogo ne mai siffar ƙwai, da hannu ake ɗaukarsa ana jefawa, kuma an yarda a kama wanda ke riƙe da shi a kayar. Kowane ɓangare na da ƴan wasa 12 a fili, saɓanin 11 na Amurka. Ƙungiyar da ke kai hari tana da dama uku ne kawai ta ci gaba da yadi 10, wato kimanin mita 9. Idan ta kasa, ƙwallo ya koma hannun abokan karawa. A Amurka dama huɗu ake bayarwa. Wanda ya shiga da ƙwallo gidan abokan hamayya ya samu maki 6, wanda ya buga shi ta tsakanin sanduna ya samu maki 3. Ƙungiyoyi 9 ne ke cikin gasar CFL, ciki har da Alouettes ta Montréal, birnin masu magana da Faransanci. Kofin Grey kuwa tun 1909 ake fafatawa a kansa, kuma sunan gwamna janar na Kanada na wancan lokaci ya ci.

Gurbin O'Shea shi ne na lainbaka, wato mai tsaron bayan layi. Yana tsayawa ne bayan manyan ƴan wasan da ke sahun gaba na tsaro. Kafin a sa ƙwallo cikin wasa sai ya karanci tsayuwar abokan hamayya, ya gane ko gudu za su yi da ƙwallon ko jefa shi, sa'annan ya sanar da ƴan'uwansa. Idan gudu ne, shi zai tare mai ƙwallo ya kayar da shi. Idan jifa ce, ko dai ya ja baya ya tsare masu karɓa, ko ya kutsa ya cim ma mai jifar. Wannan ne ya sa lainbaka na tsakiya ya zama jagoran ƴan tsaro. Ƙungiyoyin Kanada sukan ba ƴan Amurka wannan gurbi, duk da cewa dokar gasar ta tilasta sa wani adadi na ƴan ƙasa cikin masu fara wasa. O'Shea na cikin ƴan ƙasar da suka riƙe shi tsawon shekaru ba tare da an ƙwace musu ba.

Daga jami'a zuwa Hamilton

A jami'ar Guelph ta Ontario ya yi wasa, daga 1989 zuwa 1992. A zaɓen sababbin ƴan wasa na 1993 ƙungiyar Edmonton ta ɗauke shi a matsayi na 4, amma bai buga mata ko wasa ɗaya ba: an miƙa shi ga Tiger-Cats ta Hamilton cikin wata musaya da ta kai shahararren mai jifa Damon Allen zuwa Edmonton. A kakarsa ta farko aka zaɓe shi gwarzon sababbin ƴan wasa na gasar baki ɗaya. Kaka uku ya yi a Hamilton. A 1996 ya je gwada sa'arsa a ƙungiyar Detroit Lions ta gasar NFL a Amurka, amma bai samu gurbi ba, sai ya dawo gida ya sa hannu da Argonauts ta Toronto, babbar abokiyar adawar Hamilton.

Shekarun Toronto

Ya isa Toronto a kan gaɓa. Don Matthews ne mai horarwa, Doug Flutie kuma shi ne mai jifa. A 1996 Argonauts ta doke Edmonton da maki 43 da 37 cikin dusar ƙanƙara a Hamilton, ta ɗauki kofin Grey. Shekarar da ta biyo baya ta sake ɗauka bayan ta lallasa Saskatchewan da 47 da 23. A 1999 aka ba O'Shea lambar gwarzon ɗan wasa ɗan asalin Kanada.

Ya koma Hamilton a 2000, ya yi kaka ɗaya, ya sake dawowa Toronto a 2001, inda ya zauna har ƙarshen wasansa. Kofinsa na uku ya zo a 2004 a birnin Ottawa, lokacin da Toronto ta doke BC Lions da 27 da 19. Mai jifar Toronto a ranar shi ne Damon Allen, mutumin da aka yi musayarsa da shi shekaru 11 kafin nan.

Lokacin da ya bar wasa bayan kakar 2008, ya buga wasanni 271 na gasa, kuma ya yi kaye 1,151 a fagen tsaro. Willie Pless kaɗai ke gabansa a wannan lissafi, kuma shi ne ɗan Kanada na farko da ya haura 1,000. An shigar da sunansa zauren karrama gwarzayen ƙwallon Kanada a 2017.

Aikin horarwa

A 2010 Toronto ta ɗauke shi mai kula da rukunin bugun ƙwallo, wato ƴan wasan da ke shiga fili duk lokacin da za a buga ƙwallo da ƙafa ko a karɓi wanda aka bugo. A ƙwallon Kanada wannan rukuni na da nauyi sosai, domin dama uku kawai da ake da su na sa a yawaita bugun. Yana kan wannan aiki Toronto ta ɗauki kofin Grey karo na 100 a gidanta a 2012, bayan ta doke Calgary da 35 da 22.

A watan Disamba na 2013 Winnipeg ta naɗa shi babban mai horarwa. Ya tarar da ƙungiya cikin mawuyacin hali: a kakar 2013 wasa 3 kawai ta ci cikin 18, rabonta da kofin Grey kuwa tun 1990, duk da zuwa wasan ƙarshe har sau biyar a tsakani. Farkon aikin bai yi daɗi ba. Ya ci wasa 7 a 2014, ya ci 5 a 2015, sa'annan ya sha kashi a huɗu daga cikin wasanni biyar na farkon 2016. A irin wannan hali ne akan sallami mai horarwa. Shugaban ƙungiyar Wade Miller da manajanta Kyle Walters sun bar shi a kan aiki. O'Shea ya sauya mai jifa, ya ba Matt Nichols gurbin, ƙungiyar ta ci wasa bakwai a jere, ta ƙare kakar da nasara 11. Daga nan har zuwa 2024 ba ta ƙara rasa zuwa zagayen sili ɗaya ƙwale ba.

Kofi biyu, rashi uku

A 2019 Nichols ya ji rauni, Winnipeg ta ɗauko Zach Collaros daga Toronto ana dab da rufe kaka. Ta ƙare a matsayi na uku a rukunin yamma, abin da ya tilasta mata buga duka wasanninta a waje. Ta fitar da Calgary da Saskatchewan, sa'annan ranar 24 ga Nuwamba ta doke Hamilton da 33 da 12 a birnin Calgary. Haka aka kawo ƙarshen jiran shekaru 29. Andrew Harris, haifaffen Winnipeg, shi ne gwarzon wasan.

Annobar korona ta sa an soke kakar 2020. A 2021 Winnipeg ta riƙe kofinta, ta sake doke Hamilton, wannan karo a gidan Hamilton ɗin, da 33 da 25 bayan ƙarin lokaci. An zaɓi O'Shea gwarzon mai horarwa na shekara a 2021 da 2022.

Kakar 2022 ce ta fi kowace kyau, da nasara 15 cikin wasanni 18, amma a wasan ƙarshe Toronto ta yi nasara da 24 da 23 bayan ta tare bugun da zai ba Winnipeg kofi ana saura ƙasa da minti ɗaya. A 2023 Montréal ta ci maki 6 ana saura daƙiƙa 13, ta ɗauke kofin da 28 da 24. A 2024 Winnipeg ta fara kaka da shan kashi huɗu a jere, ta farfaɗo ta kai wasan ƙarshe, inda Toronto ta sake doke ta da 41 da 24 a Vancouver. Zuwa wasan ƙarshe biyar a jere ke nan, abin da ba a gani ba tun zamanin Edmonton na 1977 zuwa 1982.

A kakar 2024 ɗin ne O'Shea ya wuce Bud Grant, wanda ya ci wa Winnipeg wasanni 102 da kofi huɗu, ya zama mai horarwar da ya fi kowa yawan nasara a tarihin ƙungiyar. Ya rufe wannan kaka da nasara 107 a wasannin gasa.