Kujerar Alƙali a Zamfara: Me Ya Sa Ba Ƙuri'a Ke Cike Ta Ba?

A jihohi da dama na Amurka, idan alƙali ya rasu ko ya yi murabus, ana iya kiran zaɓen cike gurbi, masu neman kujerar su fita yawon neman ƙuri'a kamar 'yan majalisa. A Gusau, Tsafe da Bunguɗu kuwa, tun da aka san alƙalanci, naɗi ake yi. Wasu na ganin wannan tawaya ce ga dimokuraɗiyya, amma tarihin wannan yanki ya nuna cewa ciwon shari'armu yana wani wuri dabam: wane ne ke naɗawa, da wane ma'auni, kuma a gaban idon wa.

Kafin jihadin Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, 'Yandoto da ke kusa da Tsafe ta shahara da malamai, kuma daga irin waɗannan zaurukan karatu ake samun masu yanke hukunci. Bayan Malam Sambo Ɗan Ashafa ya kafa Gusau a farkon ƙarni na 19, garuruwan nan suka shiga tsarin Daular Sakkwato, inda shugaba ke naɗa alƙali bisa sharuɗɗan fiƙihun Malikiyya: ilimi, adalci, hankali da tsoron Allah. Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya yi bayanin haƙƙin masu mulki da alƙalai a littafinsa Diya'ul Hukkam, shi kuma Shehu Usmanu ya soki cin hanci a wurin shari'a a cikin Kitabul Farƙi. A wancan tsari, neman alƙalanci da kai abin zargi ne, har malamai na ƙwarai kan guje masa don tsoron hisabi. Mutumin da aka tarbiyyantar a kan haka ba zai hau dandali yana roƙon a zaɓe shi ba.

Turawa sun ci Sakkwato a 1903, suka bar alƙalai a kan buzayensu, sai dai suka mayar da su ma'aikatan En'e, Razdan na sa ido. A lokacin, Gusau, Tsafe da Bunguɗu gundumomi ne a ƙarƙashin En'en Sakkwato, can ake naɗi, can ake ɗaukaka ƙara. An buɗe makarantar horar da alƙalai a Kano a 1934, abin da ya ɗaga darajar aikin. Amma a shekarun 1950 aka ga illar alƙali ya zama yaron mai mulki, domin a sassa da yawa na Arewa an yi amfani da kotunan En'e wajen ɗaure magoya bayan jam'iyyar adawa ta NEPU. Wannan na daga cikin dalilan da suka sa gwamnatin soja ta ƙwace kotuna daga hannun sarakuna, aka kafa kotunan yanki a 1968.

Bayan ƙirƙiro Jihar Zamfara a 1996, Gwamna Ahmed Sani Yarima ya ƙaddamar da shari'ar Musulunci a Gusau ranar 27 ga Oktoba, 1999, ta fara aiki a Janairun 2000. Alƙalan da jiya suke raba gado da sulhun aure suka wayi gari da ikon yanke haddi. A Tsafe ne aka yanke wa wata yarinya hukuncin bulala kan laifin zina a 2000, aka zartar a Janairun 2001 alhali lauyoyi na shirin ɗaukaka ƙara, lamarin da ya jawo muhawara har tsakanin masana fiƙihu. Darasin a fili yake: zurfin ilimin wanda ke kan kujera da bin ƙa'idar shari'a su ne kariyar talaka.

A yau, Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya ce gwamna ke naɗa alƙalan Babbar Kotu da na Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a bisa shawarar hukumar kula da harkokin shari'a ta ƙasa (NJC), kuma shugabannin kotunan biyu, wato Babban Joji da Alƙalin Alƙalai, sai majalisar dokoki ta amince. Idan kujerar Babban Joji ta zama babu kowa, mafi daɗewa a cikin alƙalai ke riƙo na wata uku. Masu goyon bayan zaɓe na cewa wanda gwamna ya naɗa, gwamna zai yi wa biyayya, kuma maganarsu na da ƙamshin gaskiya. To amma wa zai ɗauki nauyin kamfen ɗin alƙali? A 2025 zaɓen kujera ɗaya a kotun ƙolin jihar Wisconsin ya ci fiye da dala miliyan 100. A ƙasar da ake sayen ƙuri'a da taliya da atamfa, attajirin da ya biya kuɗin fosta shi zai zo da rikicin gona gobe, kuma kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Zamfarawa sun ga yadda shari'ar zaɓen fidda gwani na jam'iyyar APC ta taso daga Babbar Kotu a Gusau har Kotun Ƙoli ta soke ƙuri'un jam'iyyar ranar 24 ga Mayu, 2019. Da alƙalai da tutar jam'iyya suka hau kujera, wa zai yarda da irin wannan hukunci?

Saboda haka gyaran da ya dace shi ne a fito da naɗi fili. A sanar da gurbi, a yi jarrabawar fiƙihu da dokokin ƙasa, a buga sunayen waɗanda ake son naɗawa domin duk mai ƙorafi daga Bunguɗu ko Tsafe ya kawo, sannan kuɗin kotuna su daina biyowa ta alfarmar gidan gwamnati. Jama'a na da haƙƙin sanin wanda zai yi musu hukunci tun kafin ya zauna, shi kuma alƙali yana da haƙƙin ya zauna ba tare da bashin kowa a wuyansa ba.