Matsalolin allon kwamfuta: yadda ake gano tushensu kafin a kai gyara

Allon kwamfuta, wanda masu Faransanci ke kira écran, shi ne fuskar da ke nuna rubutu da hoto. A Garou da garin Malanville, a lardin Alibori na arewacin Benin daura da Gaya ta Nijar, shagunan buga takardu da makarantu da ofisoshin masu fiton kaya sun dogara da shi wajen aikin yau da kullum. Da yawa daga cikin allunan na hannu ne, da suka shigo ta tashar jiragen ruwa ta Kwatano. Idan allo ya yi duhu, akan yi saurin cewa ya ƙone, alhali sau da yawa laifin na waya ne, ko wuta, ko kwamfutar kanta. Rarrabe waɗannan kan hana a biya kuɗin mota zuwa Kandi, mai nisan kusan kilomita 100, a kan abin da za a iya warwarewa a cikin shago.

Gwajin farko

Kusan kowane allo yana da maɓallan da ke fito da jerin saitinsa ko ba a haɗa shi da kwamfuta ba. Idan jerin ya fito tsaf, allon lafiyarsa ƙalau, sai a koma kan waya ko kwamfuta. Idan layuka ko dishi-dishin sun bayyana a kan jerin ma, cutar tana cikin allon. Gwaji na biyu shi ne musanya: a sa wata waya, ko a haɗa kwamfutar da talabijin mai ramin HDMI. Abu ɗaya ake canzawa a kowane karo, don a san wanne ne ya yi magani.

Allo ya yi baƙi

Idan ƙaramar fitilar allon ba ta kama ba, wuta ce ba ta isa gare shi ba, sai a duba soket da wayar wuta. Idan ta kama amma aka ga “Aucun signal” ko “No signal”, saƙo ne ba ya zuwa daga kwamfuta. A matse waya a ɓangarorin biyu, a kuma tabbatar allon yana kan mashigar da aka soka wayar. A Windows, danna maɓallin Windows tare da P yana zaɓar allon da za a tura wa hoto.

Wani lokaci hoton yana nan, hasken baya ne ya mutu. A haska tocila dab da gilashin cikin ɗaki mai duhu. Idan an ga inuwar rubutu, fitilun baya ne ko sashen da ke ba su wuta, kuma wannan yana gyaruwa.

Launi da layuka

Wayar VGA, wadda kamfanin IBM ya fitar a 1987, tana da allurai 15, kuma ja da kore da shuɗi kowanne da allurarsa. Lanƙwashewar guda ɗaya ta isa ta mayar da allo ruwan hoda ko ruwan ɗorawa. HDMI mai allurai 19 ba ta cika yin haka ba: idan ta lalace, hoto kan yi walƙiya ko ya ɗauke ya dawo. Rubutu mai hazo ko hoto da ya baje yawanci saiti ne. A mayar da shi ma'aunin asali na allon, kamar 1366 x 768 ko 1920 x 1080. Layi siriri da ya tsaya daga sama zuwa ƙasa, ba ya motsi ko an canza waya, alamar gilashin ne ya samu matsala, kuma canza shi kan kai kuɗin wani allon na hannu.

Zafi, ƙura da wuta

Daga Maris zuwa Mayu zafin kwarin kogin Kwara kan wuce digiri 40, alhali kamfanoni da dama digiri 35 ko 40 suke rubutawa a matsayin iyakar aikin allunansu. Ƙurar hunturu kuma tana toshe ramukan shan iska. Zafin yana kumbura ƙananan kayan ajiyar wuta da ake kira kafasita. Alamarsu ita ce allo ya kama na daƙiƙa biyu ya mutu, ko ya daɗe kafin ya tashi da safe. Mai gyaran talabijin yana iya canza su da kuɗi kaɗan.

Wutar kamfanin SBEE volt 220 ce, amma dawowarta bayan ɗaukewa, da hawa da saukar wutar janareto, suna gajiyar da sashen wuta. Na'urar daidaita ƙarfin wuta tana rage haɗarin, haka ma cire soket lokacin tsawar damina.

Abin da ba a taɓawa

Buɗe bayan allo aikin mai gyara ne. Kafasita na riƙe wuta ko bayan an cire soket, tsohon allo mai tudun baya kuma yana aiki da volt kusan 25,000. Fitilun tsofaffin alluna masu faɗi suna ɗauke da sinadarin mercury mai guba, don haka ba a fasa su, ba a ƙona su a juji, ba a kuma jefa su a kogi.