Manomin inabi: Asalin kalmar, ma'anarta da yadda ake amfani da ita

Manomin inabi shi ne wanda sana'arsa ita ce dasa itacen inabi, da renonsa, da datse rassansa, har zuwa girbe 'ya'yansa. Jam'in kalmar shi ne manoman inabi, idan mace ce kuma a ce manomiyar inabi. Hausa ba ta da kalma guda tilo da ta keɓe wa mai wannan sana'a, sai dai ta haɗa kalmomi biyu, saɓanin harsunan al'ummomin da suka shafe dubban shekaru suna noman inabi: Larabawa suna cewa karram, Faransawa vigneron, Jamusawa Winzer, Turkawa kuma bağcı. Waɗannan kalmomi ba ma'anarsu ɗaya ba. Wasu manomi kawai suke nufi, wasu kuma sun haɗa noma da sarrafa giya, kuma wannan bambanci yana da nauyi ga mai fassara labarai da mai karanta su a ƙasar da galibin mutanenta Musulmi ne.

Asalin kalmar a Hausa

Kalmar inabi aro ce daga Larabci, daga inab, wadda ke nufin 'ya'yan itacen. Ta zo sau 11 a cikin Alƙur'ani: sau biyu a matsayin tilo, a Suratul Isra'i da Suratu Abasa, sau tara kuma a matsayin jam'i, wato a'anab. Zabibi, sunan busasshen inabi, shi ma daga Larabci Hausa ta aro shi.

Kalmar manomi kuwa Bahaushiya ce, an gina ta daga noma a kan tsarin da ya samar da maƙeri daga ƙira, da masaƙi daga saƙa, da marini daga rini. Wannan tsari yana buƙatar aikatau, kuma Hausa ba ta da aikatau na musamman da ke nufin renon inabi, domin itacen ba ya cikin amfanin gonar da aka gada kaka da kakanni. Akwai danginsa na daji, irin su dafara da magina ke amfani da ita wajen shafe, amma ba a nomansu don 'ya'ya. Saboda haka sunan ya bi hanyar da manomin shinkafa da manomin albasa suka bi.

Masu fassara Littafi Mai Tsarki zuwa Hausa, wanda cikakkiyar fassararsa ta farko ta fito a 1932, sun yi ta karo da wannan giɓi, domin inabi ya cika littafin. A fassarorin Hausa ana samun kurangar inabi a matsayin sunan itacen, da gonar inabi ko garkar inabi a matsayin sunan wurin da ake nomansa, da ruwan inabi a matsayin sunan abin da ake matsewa. Wannan suna na ƙarshe yana da harshen damo, domin bai fayyace ko ruwan ya zama mai sa maye ko bai zama ba.

Karram da danginta

A Larabci ana kiran itacen inabi da gonarsa karm, mai kula da su kuma karram. Tushen kalmar tsoho ne a harsunan yankin, domin a Ibrananci ma kerem gonar inabi ce, korem kuma mai aikinta. Sunayen wurare da dama a Gabas ta Tsakiya suna ɗauke da wannan tushe: garin Tulkarm a Yammacin Kogin Jodan, da unguwar Ain Karim a Ƙudus, da mashigar Kerem Shalom da ke kan iyakar Gaza, wadda Larabawa ke kira Karm Abu Salim.

Kalmar karm tana da tarihi na musamman a Musulunci. Bukhari da Muslim sun ruwaito cewa Annabi Muhammadu (SAW) ya hana a kira inabi da wannan suna, yana mai nuna cewa zuciyar mumini ce ta fi cancantarsa, kuma a wata ruwaya ta Muslim ya yi umarni a riƙa cewa inab ko habala. Malamai masu sharhin hadisi sun bayyana dalilin da cewa Larabawan Jahiliyya suna danganta sunan da karamci, bisa da'awar cewa giya tana sa mai shanta kyauta, don haka aka ƙi a bar wa tushen giya suna mai ɗauke da yabo. Malamai irin su Imam Nawawi sun ɗauki hanin a matsayin karhanci. Kalmar ta ci gaba da rayuwa a Larabci har yau, amma wadda ta zama sunan itacen a Hausa ita ce wadda hadisin ya fifita.

Vigneron da viticulteur

Faransanci, harshen da Hausawan Nijar da Kamaru da Chadi suka fi cuɗanya da shi a makaranta da ofis, yana da kalmomi biyu da ake yawan rikitawa. Vigneron tsohuwar kalma ce daga vigne, wato itacen inabi, wadda ta samo asali daga Latin. Viticulteur sabuwa ce, an ƙirƙire ta daga kalmomin Latin biyu masu nufin itacen inabi da mai noma. A amfanin yau da kullum a Faransa, viticulteur shi ne wanda aikinsa ya tsaya ga noma, ya sayar da amfaninsa ga ƙungiyar gama-kai ko ga ɗan kasuwa. Vigneron kuwa galibi shi ne wanda ya noma, ya matse, ya sarrafa giyar da kansa, ya kuma sayar da ita da sunansa.

A da, ma'anar vigneron ta fi haka faɗi, domin tana iya nufin ma'aikacin da ke renon gonar wani. Wannan tsohuwar ma'ana tana nan a bikin Fête des Vignerons na garin Vevey a Suwizalan, wanda aka fara a 1797 domin karrama ma'aikatan da suka fi iya kula da gonakin da aka damƙa musu. Kusan sau ɗaya ake yinsa a kowane zamani: an yi a 1955, da 1977, da 1999, da 2019. A 2016 hukumar UNESCO ta sa shi cikin jerin al'adun gado na duniya.

Kalmar ta kuma shiga tarihin siyasar Faransa. A 1907 manoman yankin Languedoc sun yi bore saboda faɗuwar farashi da yawaitar giyar jabu da ake haɗawa da sukari. Ƙarƙashin jagorancin Marcelin Albert, sama da mutum 500,000 suka yi gangami a birnin Montpellier ranar 9 ga Yuni, kuma kafin watan ya ƙare majalisa ta kafa dokar da ta tilasta bayyana yawan girbi, ta kuma taƙaita amfani da sukari. Har yau ana kiran abin da ya faru boren vignerons.

A Jamusanci, Winzer ta fito ne daga vinitor ta Latin, kuma tana haɗa noma da sarrafa giya. Bağcı ta Turkanci kuwa an gina ta daga bağ, wato gonar inabi, kuma ba ta tilasta ma'anar giya, domin yawancin inabin Turkiyya ci ake yi ɗanye ko a busar.

Abin da aikin ya ƙunsa

Abin da ya sa harsuna suka keɓe wa wannan manomi suna shi ne aikinsa ya bambanta da na mai shuka hatsi. Itacen inabi yakan kai shekara uku kafin ya ba da amfani mai kyau, sannan ya rayu shekaru masu yawa. Yana yaɗo, don haka sai an kafa masa dirkoki da waya ko a yi masa rumfa. Babbar gwanintar mai renonsa tana wajen datse rassa, domin 'ya'ya suna fitowa ne a kan sabon tsiron da ya toho daga reshen bara. Idan aka bar rassa da yawa, 'ya'yan za su yi yawa amma su rasa zaƙi. Idan aka datse fiye da kima, girbi ya ragu. A Turai ana datsewa da hunturu, a yi girbi tsakanin Agusta da Oktoba.

Aure ma yana cikin aikin, kamar yadda ake yi wa mangwaro. Tun daga shekarun 1860 wani ƙwaro mai suna filoksera, wanda ya shigo daga Amurka, ya hallaka gonakin Faransa da na maƙwabtanta ta hanyar lalata saiwa. Maganin da aka samu shi ne a aura irin Turai a kan saiwar irin Amurka mai jure ƙwaron, kuma a haka ake dasa yawancin gonakin inabi har yau.

Bisa alƙaluman Ƙungiyar Inabi da Giya ta Duniya, OIV, gonakin inabi sun mamaye sama da hekta miliyan 7 a duniya, kuma Sifaniya, Faransa, Sin, Italiya da Turkiyya ne ke kan gaba. Kimanin rabin amfanin ne ke tafiya ga giya. Sauran ana cinsa ɗanye, ko a mai da shi zabibi, ko ruwan sha marar maye.

Matsayinsa a fiƙihu

Noman inabi halal ne a Musulunci, kuma littattafan fiƙihu sun yi masa hukunce-hukunce. Ana fitar masa da zakka idan ya kai nisabi, ana ƙiyasta shi tun yana kan itace a lissafa shi a matsayin zabibi. Yarjejeniyar musaƙa, wadda mai gona ke damƙa itatuwansa ga mai reno bisa wani kaso na 'ya'yan, ta shafe shi kai tsaye, har Imam Shafi'i a ra'ayinsa na ƙarshe ya taƙaita ta ga dabino da inabi. A tarihin Annabi (SAW) ma akwai Addas, Kirista mutumin Ninawa, bawan Utba da Shaiba 'ya'yan Rabi'a, wanda ya kawo masa inabi a lambunsu bayan mutanen Ɗa'ifa sun jefe shi.

Iyakar tana wajen matsewa don giya. Hadisin da ya la'anci mutum goma a kan giya ya ambaci mai matse ta, kuma malaman Malikiyya da Hambaliyya sun hana sayar da inabi ga wanda aka san giya zai yi da shi. A nan ne bambancin kalmomin ya zama na hukunci: mai noma daban, mai matsewa daban.

Amfani da kalmar a yau

Manomin inabi ya fara zama sunan sana'ar gida. Ana noman inabi a yankin Kudan da ke kusa da Zariya a Jihar Kaduna, da kuma lambunan tsaunukan Abzin a Nijar, irin su na Timiya, kuma don ci ake nomansa. A nan sunan ba ya ɗauke da wata ma'ana ta giya. Mai gonar inabi ko mai lambun inabi shi ne mamallaki, ko da bai taɓa riƙe almakashin datse reshe ba.

A labaran ƙetare ne ake buƙatar lura. Lokacin da matsanancin sanyi ya ƙone sabon tsiro a Faransa a Afrilun 2021, har manoma suka kwana suna kunna kyandir a tsakanin layukan itatuwa, manoman inabi ce fassarar da ta dace, domin gona ce ta lalace. Idan kuwa labarin na harajin da wata ƙasa ta ɗora wa giyar Faransa ne, fassara vigneron da manomin inabi kaɗai za ta ɓoye wa mai karatu abin da ake sayarwa, sai a ce manoman inabi masu sarrafa giya. Haka nan kuskure ne a kira manomin zabibi na Turkiyya ko Afganistan mai yin giya don kawai inabi yake nomawa. Ƙa'idar ita ce a duba inda aikin mutumin ya tsaya, a gona ko a matsewa, sannan a zaɓa masa suna.