Wim de Bie: mai barkwancin da ya kashe jam'iyyar da ya ƙirƙira

Ranar 27 ga watan Maris na shekarar 2023, Wim de Bie ya rasu a birnin La Haye na ƙasar Holand yana da shekara 83. Wannan birni, wanda masu jin Ingilishi ke kira Hague, mu a Nijar mun fi saninsa da kotun duniya da ta raba mana gardamar iyaka da Benin a 2005, da kuma Burkina Faso a 2013. A can aka haifi De Bie ranar 17 ga Mayu 1939, a can kuma ya cika. Bai taɓa riƙe muƙamin gwamnati ba, bai taɓa tsayawa takara ba. Sana'arsa ita ce ba mutane dariya a rediyo da talabijin. Amma duk mai son rubuta tarihin siyasar Holand na ƙarshen ƙarni na 20 sai ya ambace shi da abokin aikinsa Kees van Kooten, saboda wani abu da suka yi a 1981 wanda har yau ake gardama a kansa.

De Bie yana da shekara ɗaya a duniya sojojin Jamus suka mamaye Holand a watan Mayu na 1940. Yana ɗan shekara biyar aka yi mummunar yunwar hunturun 1944 zuwa 1945, wadda ta fi tsanani a yammacin ƙasar, inda La Haye take. Ke nan ya tashi cikin tsarar da ta ga iyayenta sun fito daga yaƙi sun duƙufa ga aiki, da tsimi, da biyayya ga coci da hukuma. A makarantar lise ta Dalton da ke La Haye ya haɗu da Van Kooten, wanda ya girma da shekara biyu. Tun suna ɗalibai suka shiga wata ƙungiyar wasan kwaikwayo mai suna Cebrah. Abotar da ta soma a aji ita ce ta zama aikin shekaru sama da talatin.

Domin a gane inda suka samu filin yin abin da suka yi, sai an dubi yadda aka tsara rediyo da talabijin a ƙasar. A wancan zamani, al'ummar Holand ta daɗe a rarrabe gida-gida: ƴan Katolika, da ƴan Furotesta, da masu ra'ayin gurguzu na ma'aikata, da masu sassaucin ra'ayi. Kowane gida da makarantunsa, da jaridunsa, da ƙungiyar ƙwadagonsa, da jam'iyyarsa. Haka aka raba watsa labarai ma. KRO ta Katolika ce, NCRV ta Furotesta, VARA ta ma'aikata. Kowace ƙungiya ana ba ta lokacin watsa shiri gwargwadon yawan membobinta. Amfanin wannan tsari shi ne babu wani ofishi guda da zai ce a rufe bakin wane. Duk da haka, akwai iyakar da jama'a ba su yarda a ƙetare ba. A watan Janairu na 1964 wani shirin ba'a na VARA ya kwaikwayi salon addu'ar Kirista don ya yi wa masu bautar akwatin talabijin shaguɓe, sai ƙasa ta ɗauki zafi, wasiƙun zagi suka yi ta zuwa, maganar ta kai har majalisa.

A cikin wannan yanayi De Bie ya soma aiki a rediyon VARA, a wani shiri na matasa mai suna Uitlaat, a shekarun 1960. A nan shi da Van Kooten suka fito da wasu mutum biyu da ba su iya magana ba sai da busassun kalmomin da kowa ya haddace, irin zancen da ake yi baki na motsi amma ba a ce kome ba. Tun daga nan aka ga inda suka dosa: harshe shi ne abin farautarsu. Daga rediyo suka shiga talabijin a shirin Hadimassa, sannan a 1972 suka koma VPRO, ƙungiyar da asalinta na ƴan Furotesta masu sassauci ne, amma a lokacin ta zama matattarar masu gwada sabon abu. A 1974 suka kafa abin da suka kira Simplisties Verbond, wato ƙungiyar masu sauƙaƙa al'amura. Su biyu ne shugabanninta, suna fitowa cikin kwat, alamarsu kuwa ita ce mabugin da matan Holand ke kaɗe ƙurar darduma da shi. Manufar a fili take: ƙasa ta yi ƙura, sai an buga.

Daga 1974 har 1998 ba su bar VPRO ba. Sunan shirin ya sha sauyawa, amma a mafi yawan shekarun nan daren Lahadi nasu ne, kuma ranar Litinin abin da suka faɗa shi ake maimaitawa a ofis da makaranta. Su biyun ne ke rubutawa, su ne ke fitowa a matsayin mutane iri-iri, maza da mata. De Bie dogo ne mai natsuwa, kuma ya fi ƙwarewa wajen fito da mutanen da rayuwa ta bari a gefe. Akwai Meneer Foppe, mai tsananin kunya da ke zaune shi kaɗai, wanda ko gaisuwar maƙwabci kan zame masa tashin hankali. Akwai Walter de Rochebrune, wanda ya ƙaurace wa duniya ya tare a wata ƴar bukka cikin lambun mahaifiyarsa. Akwai kuma O. den Beste, tsohon malamin Jamusanci da ya bar aji amma aji bai bar shi ba, kullum yana cikin gyara wa mutane kuskure cikin fushi. Duk wanda ya taɓa riƙe alli zai gane wannan mutum, zai kuma yi dariyar da ke da ɗan ɗaci.

Sun bar wa yarensu kalmomin da suka shiga ƙamus. Ɗaya ita ce doemdenken, wato ɗabi'ar hango halaka a cikin kome. Wata ita ce regelneef, mutumin da ba ya iya zama sai ya tsara wa kowa al'amarinsa ko ba a sa shi ba. Mutanen Holand da yawa na amfani da su yau ba tare da sanin daga bakin masu barkwanci suka fito ba.

Babban al'amarin ya zo ne a farkon shekarun 1980. Tattalin arziki ya ja baya, rashin aikin yi na ƙaruwa, matsalar gidaje ta kai ga tarzoma a Amsterdam ranar naɗin Sarauniya Beatrix, 30 ga Afrilu 1980. A tsofaffin unguwannin birane kuma, ma'aikatan da aka ɗauko daga Turkiyya da Maroko tun shekarun 1960, da mutanen Suriname da suka zo gab da samun ƴancin ƙasarsu a 1975, suna zaune kafaɗa da kafaɗa da talakawan ƙasar. Akwai gunaguni, amma manyan jam'iyyu ba su son jin sa. Van Kooten da De Bie suna da wasu mutum biyu a wasanninsu, Jacobse da Van Es, ƴan damfarar La Haye masu magana da karin harshen ƴan kasuwar birnin. Van Kooten ne Jacobse mai zaƙin baki, De Bie kuma Van Es mai gajeren tunani. Sai suka sa waɗannan ƴan damfara suka kafa jam'iyya, Tegenpartij, wato jam'iyyar ƙin kome. Alƙawarinta shi ne a daina surutu, kowa zai yi arziki. Tana zagin ƴan siyasa, tana kukan haraji, tana ɗora wa baƙi laifin kome.

Nufin marubutan shi ne mai kallo ya ji wannan magana a bakin ɓarayi, ya gane rashin tushenta. Hausawa na cewa da wasa ake faɗa wa wawa magana. To, amma idan wawan ya ɗauki wasan a matsayin yabo fa? Abin da ya faru ke nan. Wani ɓangare na masu kallo ya ji Jacobse da Van Es na faɗin abin da ke ransa, da irin harshensa, ba tsoro. Taken jam'iyyar ya shiga bakin jama'a, har aka soma hasashen cewa da za ta tsaya zaɓe da gaske, da ta samu kujeru. A daidai lokacin kuma, a 1980, an kafa wata jam'iyya ta gaske mai ƙyamar baƙi, Centrumpartij.

An shirya zaɓen ƴan majalisa ranar 26 ga Mayu 1981. Ranar 10 ga watan, Van Kooten da De Bie suka nuna Jacobse da Van Es sun yi yunƙurin juyin mulki a Binnenhof, fadar majalisar dokoki a La Haye, aka harbe su har lahira. Masu kallo ba su manta ba cewa a watan Fabrairun shekarar wani hafsa mai suna Tejero ya kutsa majalisar Spaniya da bindiga. Da wannan suka rufe babin mutum biyun da suka fi jawo masu farin jini, a lokacin da kasuwarsu ke tsakiyar ci.

Masu sukar wannan mataki na da hujja. Kashe Jacobse da Van Es bai kashe ra'ayin ba. A 1982 Hans Janmaat na Centrumpartij ya shiga majalisa da kujera ɗaya. A 2002 jam'iyyar Pim Fortuyn ta samu kujeru 26 cikin 150, kwanaki kaɗan bayan an kashe shi. A Nuwamban 2023, watanni takwas bayan rasuwar De Bie, jam'iyyar Geert Wilders ta zo ta ɗaya da kujeru 37. Saboda haka wasu ke cewa masu barkwancin sun hango abin da ke tafe shekara ashirin kafin ƴan siyasa, kuma da an saurari gunagunin da suka kwaikwaya maimakon a yi masa dariya kawai, da an fi amfana. Wasu kuma na ganin su ne suka koya wa masu wannan ra'ayi yadda ake faɗinsa da daɗin ji.

A ganina hukuncin da suka yanke daidai ne, ko da bai hana kome ba. Mai barkwanci ba shi da ikon hana mutane zaɓen wanda suke so. Abin da ke hannunsa shi ne abin da ya ƙera da kansa. Da suka ga wuƙar da suka wasa don fiɗa ta koma hannun masu sara, sai suka karya ta, alhali ita ce ke kawo masu suna. Ba su kuma bar batun baƙi ba, salo suka sauya. A wani wasa da suka yi daga baya, De Bie ya fito a matsayin mai sayar da kayan miya da ke yi wa wani Baturke gwaranci, yana zaton ba ya jin yaren ƙasar, shi kuwa Baturken, Mehmet Pamuk, yana ba shi amsa da tsantsar yaren Holand irin na masana. A wannan karon babu mai ruɗewa game da wanda ake yi wa dariya.

A 1998 suka daina shirin haɗin gwiwa. Zamani ya riga ya sauya, tashoshin ƴan kasuwa sun shigo tun 1989, kuma ƙasa ta daina taruwa gaban shiri guda. Van Kooten ya mai da hankali ga rubutun littattafai. De Bie ya yi wasu shirye-shirye shi kaɗai, sannan daga 2001 zuwa 2008 ya riƙe wani shafi a intanet mai suna Bieslog, yana da shekara sittin da ɗoriya, a lokacin da mutane da yawa ba su san irin wannan rubutu ba.

Yau da waya ta sa kowa ya zama mai shirin barkwanci, tambayar da ta tsaya wa mutanen nan biyu a 1981 ta zama ta kowa. Wanda ya kwaikwayi mai ƙabilanci ko mai cin amanar jama'a don ya tona masa asiri, ya kamata ya duba su wane ne ke tafa masa, kuma don me. Idan waɗanda ake yi wa zambon su ne suka fi kowa yaɗa shi, to saƙon ya kauce hanya, sai a sake lale. De Bie da abokinsa sun sake, kwana 16 kafin zaɓe.